Jawaharlal Nehru Na Indiya, 1889-1964

In ka tambayi yaron makaranta a Jega ko Aliero ko Maiyama abin da ya sani game da Indiya, sai ya kawo maka labarin sinima. Mutanen da kuwa a bakin sojan Bama suka fara jin sunanta, gama a can aka sauke sojan Afirka ta Yamma cikin 1943 da 1944 kafin su wuce bakin daga. A waɗannan shekaru, mutumin da zai shugabanci ƙasar yana tsare a ganuwar Ahmednagar. Tarihinsa muke so mu kawo wa malamai da ma'aikata yau.

An haifi Jawaharlal Nehru a Allahabad ran 14 ga Nuwamba, 1889. Ubansa Motilal babban lauya ne mai wadata, ya aike da shi Ingila, ya yi karatu a Harrow da Cambridge, ya komo gida da takardar lauya a 1912. Da wuya a sami ɗan Indiya da ya sha tarbiyyar Ingilishi kamarsa. Abin da ya juya shi ya faru a Amritsar cikin Afrilu 1919, sa'ad da Janar Dyer ya sa aka buɗe wa taron jama'a wuta. Hukuma da kanta ta lissafta gawa 379. Daga nan ya bi Gandhi, aka yi ta ɗaure shi har sau tara, jimla kusan shekara tara.

To, amma darasin da ya fi zama masa a zuciya na 1939 ne. Da yaƙin Hitila ya tashi, Gwamnan Indiya, Lord Linlithgow, ya yi shelar cewa Indiya ta shiga yaƙi, bai ko shawarci shugabannin ƙasar ba. Nehru ya ƙi jinin Hitila tun da daɗewa. Abin da ya ɓata masa rai shi ne a kai ƙasarsa yaƙi kamar yadda ake kora bisashe kasuwa. Mu ma nan ba wanda ya tambaye mu.

Saboda haka da Indiya ta sami mulkin kai ran 15 ga Agusta, 1947, ya zama Firayim Minista, sai ya riƙe ma'aikatar harkokin waje a hannunsa har ya mutu. Duniya ta rabu biyu, Amurka da Rasha kowace tana neman mabiya, shi kuwa ya ƙi ɗaura wa Indiya igiyar kowa. Masu iya magana sun ce wanda maciji ya sara, in ya ga tsumma sai ya gudu. Ingilishi da ciniki suka shigo Indiya, kamfani ne ya ci ƙasar kafin gwamnati ta karɓa, kamar dai yadda Kamfanin Neja ya share wa Lugga hanya a nan. Lugga ɗin ma a Madras ta Indiya aka haife shi. Don haka ko kamfanonin waje Nehru bai sake musu ƙwarai ba. Yana cikin manyan taron Bandung na 1955, inda ƙasashe 29 na Asiya da Afirka suka hallara, da na Belgrade na 1961, inda aka kafa ƙungiyar 'yan ba-ruwanmu. Magadansa ba su bar wannan hanya ba, har a 2022 Indiya ta ƙi jefa ƙuri'a a Majalisar Ɗinkin Duniya a kan yaƙin Rasha da Yukiren.

Ba mu ce bai yi son zuciya ba. A 1956 ya yi tir da Ingila da Faransa nan take da suka auka wa Masar, amma da Rasha ta murƙushe Hungary a wannan shekara sai bakinsa ya yi nauyi.

Akwai kuma gadon Turawa guda da ya rungume, shi ne taswira. Iyakar Indiya da Tibet ta gefen gabas wani Bature, McMahon, ya ja ta a 1914, Sin kuwa ba ta taɓa amincewa ba, don ita ma tana da nata mikin tun daga yaƙin da Ingila ta yi mata a 1839. Nehru ya ɗauka zumuncin waɗanda suka sha wuya iri ɗaya zai hana faɗa. Cikin Satumba 1962 ya ziyarci Nijeriya, Alhaji Abubakar Tafawa Ɓalewa ya karɓe shi a Ikko. Bai cika wata guda da komawa ba sojan Sin suka auka wa na Indiya ran 20 ga Oktoba, suka fatattake su cikin duwatsu. Mutumin da ya ƙi jingina da kowa sai ga shi yana rubuta wa Shugaba Kennedy takarda yana neman jiragen yaƙi.

Bai ƙara samun cikakkiyar lafiya ba bayan wannan. A farkon 1964 hafsoshin Indiya suka taimaka aka buɗe makarantar horon hafsoshin soja ta Kaduna, Birgediya Varma ya zama shugabanta na farko. Nehru ya mutu a Delhi ran 27 ga Mayu na wannan shekara, yana da shekara 74.