Arthur Gould: Gwanin da Kyauta ta Raba da Fagen Wasa

An haifi Arthur Joseph Gould a garin Newport na ƙasar Wales ranar 10 ga watan Oktoba, 1864, zamanin mulkin Sarauniya Biktoriya. Tun yana yaro aka laƙaba masa sunan Biri saboda gwanintarsa ta hawan itatuwa, sunan kuwa ya bi shi har kabari. A cikin 1882 ya soma yi wa kulob ɗin garinsu wasan zari-ruga, watau wasan nan da ake rungumar ƙwallo a sheƙa da ita, abokan hamayya suna ƙoƙarin kayar da mutum. Ya shiga ƙungiyar ƙasarsa a 1885, ya yi mata wasa sau 27, a cikin 18 shi ne kyaftin. A ƙarƙashinsa ne Wales ta fara lashe Ingila da Sikotilan da Ayalan duka a shekara guda, a 1893.

To, amma ba wannan ne ya fi sa ake tunawa da shi ba. A wancan zamani, manyan da ke riƙe da wasan sun haramta wa ɗan wasa karɓar lada, dokar da ba ta cutar da mai hali, sai dai talaka. A kanta ne kulob-kulob na arewacin Ingila suka ɓalle a 1895. Ana cikin wannan zaman ɗar-ɗar sai mutanen Wales suka yi karo-karo a 1896 domin girmama Gould, har kuɗin ya isa sayen gidan da yake zaune a ciki. Hukumar wasan ta ƙasa da ƙasa ta ce ai wannan biya ne aka sake wa suna. Wales kuwa ta ƙi yarda, ta fice daga hukumar a farkon 1897, sa'an nan aka miƙa masa takardun gidan.

Shekara guda ƙasar ta yi ba abokin karawa. Da aka sasanta a 1898, sharaɗin shi ne Gould ba zai ƙara yi wa ƙasarsa wasa ba. Ya riƙe gidansa, ya koma alƙalancin wasa da zaɓen 'yan wasan ƙasa. Ya rasu a Newport ranar 2 ga watan Janairu, 1919, yana da shekara 54. Dokar hana ladan kuwa ba a soke ta ba sai a 1995.