MOSES ORIMOLADE, GURGUN DA YA KAFA ƘUNGIYAR MASU FARAREN RIGUNA

Duk wanda ya taɓa zama a Sabon Garin Kano ko na Zariya, ko Kaduna, ko kuwa garuruwan bakin kogin Kwara irin su Yelwan Yawuri da Sabuwar Busa, da wuya a ce bai taɓa gamuwa da wani ayari na maza da mata sanye da fararen riguna har ƙasa, suna kaɗa ƙararrawa suna waƙa da Yarabanci ba. Mutane da yawa sun ɗauka su ma wani reshe ne na Turawan Mishan. Alhali kuwa ba Bature ne ya kafa ƙungiyarsu ba, ba kuma da kuɗin wata ƙasar waje aka aza harsashinta ba. Sunanta Kerubim da Serafim, wanda ya kafa ta kuwa wani gurgu ne Bayarabe da bai yi karatun boko ba, ana ce da shi Moses Orimolade Tunolase.

An haifi Orimolade wajen shekarar 1879 a garin Ikare, cikin ƙasar Akoko, wadda a yau take cikin Jihar Ondo. Mahaifinsa Tunolase ɗan gidan sarauta ne, kuma mai bin addinin gargajiya. A wannan zamani ƙasar Akoko tana ƙarƙashin ikon Nufawan Bida, tana kai musu gandu, har ya zuwa 1897 lokacin da sojojin Kamfanin Neja suka ci Bida da yaƙi. Ko Turawa ma da suka kafa mulki, da fari a cikin Lardin Kabba na Arewa suka sa Akoko, kafin daga baya su mayar da ita Kudu. Saboda haka Arewa ba baƙuwar ƙasa ba ce ga mutanen garinsu.

Mabiyansa suna ba da labarai masu ban al'ajabi game da haihuwarsa. Suna cewa ya yi magana tun yana cikin mahaifiyarsa, kuma a ranar da aka haife shi ya miƙe ya yi taku, wai tsoron wannan abu ne ya sa mahaifinsa ya yi masa asirin da ya nakasa shi. Wannan dai zancen mabiya ne. Abin da kowa ya yarda da shi shi ne ya tashi da ƙafafu marasa ƙarfi, bai iya tafiya sai da sanda, in tafiyar ta yi nisa kuwa sai an ɗauke shi. Yana saurayi addinin Kirista ya shigo Ikare ta hannun Mishan ɗin Angilika, watau C.M.S., ya karɓa, aka raɗa masa suna Moses, watau Musa. Daga nan wata doguwar rashin lafiya ta kwantar da shi, an ce har shekara bakwai yana ɗaka. Da ya tashi sai ya shaida wa mutane cewa a cikin wannan jinya aka umurce shi ya fita wa'azi, ya riƙa yi wa marasa lafiya addu'a.

Kafin a gane abin da ya sa maganar gurgun ta sami shiga, dole ne a dubi halin da Kiristocin ƙasar nan suke ciki a lokacin. A 1864 aka naɗa Samuel Ajayi Crowther Bishop, shi ne baƙar fata na farko da ya sami wannan muƙami a Ikilisiyar Angilika. Amma a ƙarshen rayuwarsa waɗansu samarin Turawan Mishan suka wulakanta shi, suka sallami mataimakansa a tasoshin bakin Kwara, da ya rasu a 1891 kuma aka ba Bature kujerarsa. Wannan ya ɓata wa 'yan boko na Ikko rai ƙwarai. Tun a 1888 waɗansu sun riga sun fice daga Baptis sun kafa tasu majami'ar, a 1891 aka kafa United Native African Church, a 1901 kuma aka kafa African Church, wadda ɗaya daga cikin jigoginta shi ne Cif J. K. Coker. To, amma waɗannan duka rigimarsu ta shugabanci ce. Sun rabu da Bature, sun riƙe littafin addu'arsa da tsarin sujadarsa kusan yadda suka same su.

Talaka kuwa damuwarsa daban take. Shi abin da ya dame shi cuta ce, da maita, da rashin haihuwa, da mutuwar 'ya'ya. In ya kai wa limamin Mishan kukansa, sai a ce masa babu maita, ya tafi asibiti, asibitin kuwa ba ta ishi kowa ba. Sai ya zama da rana yana majami'a, da dare yana gidan boka. Da annobar mura ta 1918 ta auko, ta kashe dubban mutane, aka rufe majami'u da yawa bisa umurnin Gwamnati, sai mutane suka shiga taruwa a gidaje suna addu'a da kansu. Daga irin waɗannan tarurruka ne aka sami abin da Yarabawa ke kira Aladura, watau masu addu'a. Ba a Nijeriya kaɗai abin ya tsaya ba. William Wade Harris ya girgiza ƙasar Kwaddibuwa daga 1913 zuwa 1915, Garrick Braide ya yi haka a yankin Neja Dalta, a Kwango kuma Simon Kimbangu ya fito a 1921, Turawan Beljiyam suka ɗaure shi har ya mutu a kurkuku a 1951.

YAWONSA NA WA'AZI

Wajen 1916 Orimolade ya bar Ikare, ya shiga yawon da ya ɗauke shi shekara takwas. Ya zaga garuruwan Akoko, ya je Binin da Kabba da Lakwaja, sa'an nan ya haura Arewa. Masu tarihin ƙungiyar sun ce ya shiga lardunan Zazzau da Bauci da Adamawa, ana kuma zaton ya kai Kano da Sakkwato da Barno. A nan Arewa bai sami mabiya da yawa ba, domin ya tarar da jama'a riƙe da addinin Musulunci tam, shi kuma ba mutum ne mai neman husuma ba. Da ya juyo ya yi zango a Ilori, inda aka ce har waɗansu suna kiransa Alhaji Yisa. Daga can ya bi ta Oshogbo da Ogbomosho da Badun da Abekuta.

Abu biyu suka bambanta shi da sauran masu yawon wa'azi. Na fari, ba ya karɓar kuɗi a kan addu'a, iyakarsa abinci da wurin kwana. Na biyu, bai kafa majami'ar kansa ba. Duk garin da ya yi wa'azi, waɗanda suka karɓa sai ya miƙa su ga majami'ar da ya tarar a wurin, ko ta wace ɗarika ce, ya ɗauki sandarsa ya yi gaba. Bai yi aure ba, bai gina gida ba. Ko da yake ba ya karatu, an shaide shi da haddar sassa masu yawa na Littafi Mai Tsarki, musamman Zabura.

Ran 12 ga watan Yuli, 1924, ya isa Ikko, ya sauka a harabar majami'ar Angilika ta Ebute Ero. A shekarar nan ce annobar cutar ɓera ta ɓarke a birnin, jama'a kuwa suka yi ta tururuwa wurinsa neman addu'a, har suka laƙaba masa suna Baba Aladura. Babban limamin majami'ar, T. A. J. Ogunbiyi, bai gamsu da irin wa'azinsa ba, saboda haka bayan 'yan watanni aka fitar da shi. Cif Coker ya ba shi masauki na ɗan lokaci, daga baya kuma ya koma unguwar Ago Isofin, gidan wani dattijo Musulmi.

KAFUWAR ƘUNGIYAR

Ran 18 ga watan Yuni, 1925, wata yarinya 'yar shekara 17, mai suna Christiana Abiodun Akinsowon, ta je kallon jerin gwanon da 'yan Katolika suke yi kowace shekara a tsakiyar Ikko. Ta ce a wurin ta ga mala'ika, ya kuma biyo ta gida. Sai ta faɗi cikin wani irin dogon suma na kwanaki. Da masu riƙonta suka rasa yadda za su yi, sai suka aika a kira Baba Aladura. Ya zo ya yi addu'a, yarinya ta farfaɗo, ta shiga ba da labarin abin da ta ce an nuna mata a sama. Labari ya bazu cikin gari, gida ya cika da 'yan kallo, har Orimolade ya ba da shawara a mayar da taron ya zama na addu'a kowane maraice.

Wannan taro shi ne tushen ƙungiyar. A watan Satumba na 1925 aka sa mata suna Serafim, a 1926 aka ƙara Kerubim, dukansu sunayen mala'iku ne da suka zo cikin Littafi Mai Tsarki. Suka ɗauki farar riga don kwaikwayon mala'ikun, suna tuɓe takalmi in za su shiga ɗakin addu'a, suna aiki da ruwan addu'a da kyandir da turare, suna ba mafarki da wahayi muhimmanci, suna azumi, suna kuma waƙa da kiɗa da tafi irin na gida. Sun haramta wa mabiyansu laya da zuwa gidan boka. Watau sun yarda da talaka cewa maita da asiri gaskiya ne, amma suka ce addu'a ta fi su ƙarfi. Nan ne sirrin karɓuwarsu yake.

Da fari ba su ɗauki kansu majami'a ba. Ran Lahadi kowa yakan tafi tasa, da maraice a haɗu. A 1927 Abiodun, wadda suka yi wa laƙabi da Kyaftin, ta ja ayarin masu wa'azi zuwa Abekuta da Ijebu da Badun da Ondo, dubban mutane suka shiga. Ganin haka sai shugabannin majami'un Mishan suka fara tsangwamar mabiyansu masu sa farar riga, suna tuɓe su daga muƙamai. Ala tilas ƙungiyar ta ware ta zama ikilisiya mai zaman kanta. Ashe mutumin da ya shekara takwas yana ƙin kafa majami'a, ga shi a ƙarshe an tura shi ya kafa.

RARRABUWA

Amma Hausawa sun ce sarki biyu ba su zama gari ɗaya. Da ƙungiya ta bunƙasa, sai samari suka kewaye Abiodun, dattawa suka kewaye Orimolade, aka shiga gardamar wane ne ainihin mai ƙungiya. Abin ya kai ga faɗa a kan titi, har 'yan sanda suka sa baki. A 1929 suka rabu, kowa ya kama gabansa. A 1930 Orimolade ya yi wa nasa ɓangaren rajista wurin Gwamnati. Bai huta ba kuma sai ga wata rigimar tsakaninsa da manyan 'yan boko na cikin ƙungiyar a kan tsarin mulki da batun karɓar kuɗin addu'a, wanda shi ya ƙi ƙememe. Su ma suka fice ƙarƙashin Ezekiel Davies. A 1931 rassan da ke cikin ƙasar Yarabawa, da suka gaji da rikicin Ikko, suka kafa tasu majalisar ƙarƙashin wata attajira ta Ondo, Christianah Olatunrinle.

Wannan rarrabuwa ta ci wa Orimolade rai. Ya janye jiki ya koma ƙauyen Ojokoro a bayan Ikko, a can ya rasu ran 19 ga watan Oktoba, 1933, aka binne shi. Kafin rasuwarsa ya zaɓi Abraham Onanuga ya gaje shi, amma wannan zaɓi ma bai yi wa wansa Peter Omojola daɗi ba, shi ma ya ware da nasa mutanen.

YADDA TA DAWO AREWA

Abin mamaki shi ne Arewar da ba ta amsa masa ba yana da rai, ita ce daga baya ta zama mazaunin ɗaya daga cikin manyan rassan ƙungiyarsa. Ba masu wa'azi ne suka kawo ta ba, ma'aikata ne: akawuna da ma'aikatan jirgin ƙasa da na gidan waya da 'yan kasuwa Yarabawa, waɗanda aiki ya kawo su Kaduna da Zariya da Kano da Jos. In an tashi daga ofis sai su tuɓe kwat su sa farar riga. Da rikicin Ikko ya yi tsanani, rassan Arewa suka ƙi bin kowane ɓangare, a 1941 suka haɗa kansu wuri ɗaya, suka mai da Kaduna hedkwatarsu.

Haka abin ya ci gaba da bin sawun aiki da fatauci. A ƙasar Yawuri da maƙwabtanta, Turawan Mishan na U.M.S. ne suka fara kafa tasoshi a wurare irin su Salka da Zuru da Yelwa. Da aka fara ginin madatsar ruwa ta Kainji a 1964, aka gama a 1968, ruwa ya cinye tsohuwar Busa da tsibiran Gungawa masu yawa, aka sake wa mutane kimanin 44,000 matsuguni. Aikin ya jawo dubban ma'aikata daga Kudu, tafkin kuma ya jawo masunta da fataken kifi, a cikinsu kuwa akwai masu fararen riguna. Amma har yanzu yawancin mabiyan ƙungiyar a Arewa 'yan asalin Kudu ne da zuriyarsu.

Kyaftin Abiodun ta yi tsawon rai. A 1986, cikin ƙoƙarin haɗa kan rassan da suka warwatse, aka naɗa ta shugaba, ta rasu a 1994. Duk da haka ƙungiyar ba ta koma tsintsiya maɗaurinki ɗaya ba. A yau rassanta sun kai ɗaruruwa, daga Nijeriya har Ingila da Amurka, kowanne da nasa shugaba. Sai dai kusan dukansu, in aka tambaye su asalinsu, sukan koma ga gurgun nan na Ikare, wanda ya bar duniya ba mata, ba ɗa, ba dukiya, sai sandarsa da farar rigarsa.