Marigayi Rabilu Musa Ɗan Ibro, Sarkin Barkwanci

Duk wanda ya taɓa zama a gidan kallo a nan Kasuwan Magani ya san yadda wuri ke rikicewa da dariya da zarar Ibro ya leƙo. Sunansa na yanka Rabilu Musa, an haife shi a 1971 a Ɗanlasan, ƙaramar hukumar Warawa ta Jihar Kano. Ya yi aikin gandiroba na wasu shekaru kafin ya ajiye kaki ya rungumi wasan kwaikwayo.

Iyayenmu da suka ga Charlie Chaplin a majigi su ne suka bar mana kalmar cali-cali. To, Ibro shi ne Calinmu na gida. Finafinansa, waɗanda ake kira camama, ba su da tsawo, ba sa cin kuɗi. Ba inda ya fi ƙwarewa kamar sha'anin neman aure da biki. Ga talaka ya aro babbar riga, ya je gaban surukai yana cika baki, can asiri ya tonu, a biyo shi da muciya yana gudu hula na faɗuwa. Muna dariya, amma mun san halinmu ne yake nuna mana: ƙaryar arziki, da tsadar lefe, da bashin da ango ke kwana da shi bayan 'yan biki sun watse.

Bai gama da duniya ba sai da ya sha wuya. A 2008 kotun tafi-da-gidanka ta hukumar tace finafinai ta Kano ta yanke masa wata 2 a kurkuku kan fim ɗin Ibro Aloko. Tsohon gandiroba ya koma gidan a matsayin fursuna. Da ya fito kuwa ya ci gaba da sana'arsa, har Allah ya yi masa rasuwa a Kano ranar 10 ga Disamba, 2014.

Mu da muka ga tashin hankalin 2018 mun san darajar abin da zai zaunar da Bahaushe da maƙwabcinsa Adara a benci guda suna dariya tare. Ibro ya iya wannan, domin kansa yake fara yi wa ba'a kafin ya taɓa kowa. Samarinmu masu shirin aure kuma su kalle shi da kunnen basira, kada a wayi gari su ne ake bi da muciya.

Allah ya jiƙansa, ya sa ya huta, amin.