Shehu Muhammadu Al-Kashinawi, Malamin Haruffa da Hatimi da Ya Kwanta Dama a Misira

Bismillahir Rahmanir Rahim. Tsira da amincin Allah su tabbata ga Shugabanmu Annabi Muhammadu da alayensa da sahabbansa.

'Yan uwa, duk wanda ya tashi a Damagaram ko Maraɗi ko Katsina ya san hatimi, ya gan shi a kan allo ko cikin laya. Sai dai kaɗan ne suka san cewa ɗaya daga cikin manyan malaman da suka yi wa wannan fanni littafi ɗan ƙasar Hausa ne, wato Shehu Muhammadu ɗan Muhammadu Al-Fulani Al-Kashinawi, Allah Ya jiƙansa.

Bafulatani ne, Bakatsine, mabiyin mazhabar Imamu Malik. Ya nemi ilimi wajen malaman Bilad Sudan, cikinsu har da Shehu Muhammadu Al-Wali na Bagarmi da Shehu Muhammadu Bindu. Ya karanci fiƙihu da nahawu da manɗiƙi, sannan ya zurfafa a hisabi da ilimin taurari da ilimin haruffa.

Wajen shekarar 1730 ya tafi aikin hajji. A Hijaz ya tarar jama'a na yi wa masu wannan ilimi kallon matsafa, don haka ya kame bakinsa, har sai da aka matsa masa da roƙo kafin ya ɗauki alƙalami. Daga nan ya wuce Alƙahira, inda ya zauna har ƙarshen rayuwarsa. A 1732 ya rubuta Bahjatul Afaƙ, kan haruffa da wafaƙi. Ya kuma wallafa Ad-Durrul Manzum, wanda ya gina a kan As-Sirrul Maktum na Imam Fakhruddin Ar-Razi. Yana da Manhul Ƙuddus a manɗiƙi, da Bulugul Arab a nahawu.

Mene ne wannan ilimi? Kowane harafin Larabci yana da adadinsa a lissafin abajada: alif 1, ba 2, jim 3, dal 4, haka har zuwa 1000. Wafaƙi kuwa gidaje ne da ake jera lambobi a cikinsu, yadda ko ta ina aka haɗa, a kwance ko a tsaye ko a karkace, jimla ɗaya za a samu. Mafi ƙanƙanta shi ne mai gida 9, wanda ake jingina wa Imam Gazali: 4, 9, 2 a sama, 3, 5, 7 a tsakiya, 8, 1, 6 a ƙasa. Kowane layi 15 ne, duka kuma 45. Malaman fannin sun lura cewa 45 shi ne adadin sunan Adamu a rubutun Larabci, 15 kuma na Hauwa'u.

Idan za a shigar da suna, sai a cire 12 daga adadinsa, a raba saura gida 3, a fara daga abin da ya fito. Sunan Allah 66 ne. A cire 12 saura 54, a raba uku a sami 18. Sai a jera 18 zuwa 26 bisa tsarin farko, kowane layi ya ba da 66. Shehu Al-Kashinawi ya bayyana hanyoyin gina wafaƙi masu layuka mara, kamar mai layi 5 da ke ba da 65. Saboda haka ne masana lissafi na zamani suka waiwaye shi. Malam Hassan Ibrahim Gwarzo ya yi rubutu a kansa a 1967, Claudia Zaslavsky 'yar Amurka kuma ta kawo aikinsa a littafinta na 1973 kan lissafin Afirka.

Malamai sun daɗe suna saɓani a kan wannan fanni. Ibn Khaldun ya soke shi, ya kusantar da shi ga sihiri. Ma'abotansa kuwa suna ganin daidaiton lambobi ishara ce ga mizanin da Allah Ya tsayar da halitta a kansa, kuma harafi ba ya amfanarwa ko cutarwa da kansa sai da izinin Mai harafin. Shi Shehu ya hori ɗalibi da ɓoye sirri ga wanda ba ahalinsa ba, da haƙuri idan aiki ya ƙi. Wanda ya fara da fiƙihu kafin hatimi ne yake wannan horo. Yau da ake tallar laƙani a waya, mai saye bai san malamin ba, mai sayarwa bai gyara alwala ba, ya kamata muridi ya tsaya ya yi tunani.

Shehu ya yi wafati a Alƙahira a shekarar 1154 ta Hijira, daidai da 1741, a gidan abokinsa Shehu Hasan Al-Jabarti, wanda ya bar wa littattafansa. Ɗan wannan aboki, Abdurrahman Al-Jabarti marubucin tarihin Misira, shi ya adana mana labarinsa cikin Aja'ibul Asar.

Allah Ya haskaka makwancinsa, Ya ba mu ilimi mai amfani, Ya tsare mu daga wanda ba ya amfani. Amin.