Husaini Sabziyan, talakan da ƙaryarsa ta zama fim

A shekarar 1989 wani mutum ya shiga motar bas a birnin Tehran riƙe da littafin labarin wani fim na Muhsin Makhmalbaf, ɗaya daga cikin manyan masu shirya fina-finai na Iran. Wata dattijuwa da ke zaune kusa da shi ta tambaye shi littafin. Sai ya ce mata ai shi ne ya rubuta shi, shi ne Makhmalbaf.

Sunansa na gaskiya Husaini Sabziyan. Ma'aikacin gidan ɗab'i ne wanda aiki ke zo masa jefi-jefi. Aurensa ya mutu, yana zaune da mahaifiyarsa, aljihu babu komai. Abu guda ya mallaka, shi ne son sinima tun yana yaro.

Matar daga gidan Ahankhah take, mutane masu rufin asiri. Sabziyan ya riƙa kai musu ziyara, yana duba ɗakuna, yana cewa a nan zai ɗauki sabon fim ɗinsa kuma ƴaƴansu ne za su fito a ciki. Ya ranci toman 1,900 a hannun ɗaya daga cikinsu. Kuɗin ba su taka kara sun karya ba. Abin da ya riƙe shi a gidan shi ne idan ya yi magana ana saurare, idan ya ba da umarni ana bi, abin da bai saba gani ba a rayuwarsa. Daga baya maigidan ya soma shakka, aka kira ƴan sanda, aka kai shi kaso bisa zargin zamba.

Mujallar Sorush ta buga labarin. Abbas Kiyarostami ya karanta, ya ajiye fim ɗin da yake shiryawa, ya je kaso ya same shi. Ya nemi izinin alƙali ya ɗauki zaman shari'ar, sannan ya shawo kan kowa, har mutanen gidan da aka yaudara, su sake yin abin da ya faru a gaban kyamara. Haka aka samu fim ɗin Nema-ye Nazdik, wanda duniya ta fi sani da Close-Up, a 1990.

Sabziyan bai taɓa koyon wasa ba, amma shi ne ƙashin bayan fim ɗin. A kotu ya yi bayanin talauci da ƙasƙanci cikin murya mai sanyi, har mai kallo ya rasa gane ko nadama yake yi ko wani sabon wasan ne. Masu ƙara sun yafe masa. Da ya fito, ya tarar da Makhmalbaf na gaskiya yana jiransa, ya fashe da kuka. Makhmalbaf ya goya shi a babur, suka sayi furanni, suka nufi gidan Ahankhah neman gafara.

A Iran fim ɗin bai samu karɓuwa ba da farko, sai a ƙasashen waje, inda ya ɗaukaka sunan Kiyarostami. Shi kuwa Sabziyan ya koma inda ya fito, bai zama ɗan wasan da ake nema ba, bai kuma shirya fim nasa ba. A 1996 aka yi wani fim na tarihi a kansa mai suna Close-Up Long Shot, inda ya bayyana cikin ɗacin rai yana ganin son sinima ne ya cinye masa rayuwa. Yana da hujja, domin labarin nasa ne, amma wasu ne suka ci moriyarsa.

A 2006 ciwon asma ya kayar da shi a jirgin ƙarƙashin ƙasa na Tehran. Ya yi makwanni a asibiti bai farfaɗo ba, ya rasu a watan Satumba yana da shekara 52. A 2022, ƙuri'ar masu sharhi ta mujallar Sight and Sound ta Ingila ta sanya Close-Up a matsayi na 17 cikin fina-finai mafi inganci a tarihi.