Labarin Abu Dulama, Mai Zambon Kansa

Malamai da almajirai waɗanda suka karanta Makamatul Hariri sun gamu da alfadarar Abu Dulama, wadda Larabawa ke buga misali da ita wajen yawan aibi. To, ga labarin mai alfadarar.

Sunansa Zandu ɗan Jaunu. Baƙar fata ne, mutumin Kufa a ƙasar Iraƙi, ubansa kuwa bawa ne da aka 'yanta a cikin Banu Asad. Ya riski ƙarshen mulkin Banu Umayya, amma bai yi suna ba sai da Abbasiyawa suka kama mulki a shekara ta 132 ta Hijira, watau 750 ta Miladiyya. Ya zauna a fadar halifofi uku, Saffahu da Mansur da Mahdi, yana waƙa yana ba su dariya, kamar yadda wawan sarki ke yi a fadojin ƙasar Hausa. Ba a san shi da tsantseni ba, gama masu tarihi sun ambace shi da shan giya da sakaci da ibada. Abin da ya ɗaukaka sunansa shi ne ya mai da kasawarsa jarinsa.

An ruwaito cewa an tura shi yaƙi tare da Rauhu ɗan Hatimu. Ya cika baki cewa da zai sami dokin Rauhu da makamansa, da an ga aiki. Rauhu ya ba shi. Da wani barde daga abokan gaba ya fito yana neman wanda zai kara da shi, aka ce Abu Dulama ya fita. Ya yi magiya, aka ƙi. Sai ya roƙi guzuri, ya ɗauki kaza da gurasa, ya tunkari barden. Ya mai da takobi kube, ya nuna masa babu wata gaba tsakaninsu, suka ci abinci tare rundunoni biyu suna kallo, kowa ya juya lafiya. Wani da ya ɓoye wannan abin kunya. Shi kuwa da bakinsa ya riƙa ba da labarin.

Haka kuma batun alfadarar. Fatake sun san yadda dillali kan rufe aibin dabba har a ƙulla ciniki. Abu Dulama ya yi mata doguwar ƙasida, ya jero wa mai saye aibobinta ɗaya bayan ɗaya, har ta zama karin magana.

Mafi shahara shi ne ranar da ya shiga wurin Halifa Mahdi, ya tarar da manyan Banu Hashim zaune. Halifa ya rantse, in bai yi wa wani daga cikin mutanen ɗakin zambo ba, zai yanke masa harshe. Ya dubi wannan, ya dubi wancan. Kowa ya kalla sai ya ƙifta masa ido, alamar zai biya shi in ya ƙyale shi. Gaba kura, baya sayaki: in ya yi shiru ya rasa harshe, in ya taɓa ɗan sarauta ya sayi gaba ta har abada. Da ya ga babu wanda zai zaga ya kwana lafiya sai mutum ɗaya, sai ya juya kan kansa, ya siffanta muninsa da ƙasƙancinsa. Aka fashe da dariya, kowa ya yi masa kyauta.

Ya rasu a shekara ta 161 ta Hijira, wajen 778 ta Miladiyya. Abul Faraji ya tara labarinsa a Kitabul Agani, Ibnu Hallikan kuma ya kawo shi a Wafayatul A'ayan.

Jama'a, a kasuwannin Bebeji da Kiru da Tudun Wada da Doguwa ba a rasa mai ba da dariya. Sai dai dariya iri biyu ce: akwai wadda ake saya da mutuncin wani, akwai wadda mutum ke biya daga aljihunsa. Ta farkon takan bar gaba a bayanta. A wannan rana Abu Dulama ya zaɓi ta biyun, ya fita da harshensa da kyautarsa, bai bar kowa da ciwo ba. Allah ya tsare mana harsunanmu, amin.