Shihabuddin Suhrawardi: Shehin falsafar haske da aka kashe a Halab

A shekarar 1191, Sarki Salahuddin al-Ayyubi yana fafatawa da mayaƙan Salibiyya na Turai a kewayen birnin Akka, amma yaƙin bai hana shi aika wa ɗansa, mai mulkin Halab a ƙasar Sham, umarnin kashe wani malami da bai kai shekara 40 ba. Malamin ba shi da runduna, ba shi da dukiya. Abin da ya mallaka shi ne tsarin tunani da ya gina a kan haske, da kuma kusanci da ɗan sarki. Sunansa Shihabuddin Yahya Suhrawardi.

Masu tarihi suna yi masa laƙabi da al-Maƙtul, wato wanda aka kashe, domin bambanta shi da Shehu Umar Suhrawardi mai littafin Awariful Ma'arif, wanda ya rasu a 1234. Mabiyansa kuwa Shaikhul Ishraƙ suke kiransa. Ishraƙ a Larabci shi ne ɓullowar rana da bazuwar haskenta.

An haife shi wajajen 1154 a ƙauyen Suhraward, kusa da Zanjan, a arewa maso yammacin Iran ta yau. Ya yi karatu a Maragha wurin Majduddin al-Jili, malamin da ya karantar da Fakhruddin ar-Razi mai tafsiri. Daga nan ya wuce Isfahan, inda ya zurfafa a ilimin manɗiƙ da falsafar Ibn Sina. Sannan ya shafe shekaru yana yawo a garuruwan Anatoliya da arewacin Sham, yana zama da sufaye, yana kuma shiga fadojin sarakuna. Masu tarihinsa sun siffanta shi da yawan azumi da halwa, da rashin damuwa da tufafi, da kaifin harshe a fagen muhawara.

Matsalar da ta dame shi ita ce ta asalin sani. Mabiya Aristotal suna ganin ana gane abu ne ta hanyar fayyace shi da wasu siffofi da aka riga aka sani. Suhrawardi ya ga cewa wannan hanya ba ta kai mutum ga abin da bai taɓa ɗanɗanawa ba: duk bayanin duniya ba zai sanar da wanda aka haifa makaho mene ne ja ba. A littafinsa Talwihat ya ba da labarin mafarkin da ya ga Aristotal yana nuna masa ya koma ga kansa. Abin da ya fahimta shi ne, mutum yana sanin kansa kai-tsaye, ba tare da hujja ko hoto a zuci ba. Wannan shi ne abin da aka san shi da ilimin halarta.

Daga nan ya ɗauki haske a matsayin ginshiƙi, domin haske ba ya buƙatar wani abu ya bayyana shi, shi ne ma yake bayyana komai. A tsarinsa, Allah shi ne Hasken Haskoki, kuma yana dogara da Ayar Haske da ke cikin Suratun Nur. Daga gare Shi haskoki suke gangarowa daraja-daraja, bambancinsu a ƙarfi da rauni yake. Ran ɗan Adam haske ne mai tafiyar da jiki, jiki kuwa duhu ne da ke karɓar haske daga waninsa. Ya tattara wannan a babban littafinsa Hikmatul Ishraƙ, wanda ya kammala a 1186, kuma ya shar'anta wa mai son karanta shi ya fara yin halwar kwana 40, ya ƙaurace wa nama.

Launi ya fito ne a gajerun labaransa na ishara, waɗanda ya rubuta akasarinsu da Farisanci. A cikin Aƙli Surkh, wato Jan Hankali mai launin ja, wani matafiyi ya gamu da dattijo mai jar fuska da jan gemu, wanda ya bayyana masa cewa asalinsa fari ne tas, cuɗanya da duhu ce ta sa yake ja, kamar yadda sama take yi da asuba da magariba. A wani labarin kuma, Mala'ika Jibrilu yana da fukafukai biyu: na dama haske zalla, na hagu da tabon duhu kamar na fuskar wata. Ja a wurinsa alama ce ta duk abin da ke tsakani, kuma nan ne matsayin ɗan Adam, mai ɗauke da haske a cikin jiki mai duhu.

Bai ɗauki wannan a matsayin sabon abu ba. Yana ganin tsohuwar hikima ce da ta biyo ta hannun Aflatun da masu hikimar Girka da Masar, da sarakunan Farisa na dauri, da sufaye irin su Abu Yazid al-Bisɗami da Sahl at-Tustari. Har ya ari sunayen mala'ikun tsohon addinin Farisa, kamar Bahman, ya laƙaba wa wasu haskokin. Wannan ya bai wa masu adawa da shi makami.

Ya isa Halab a 1183, shekarar da birnin ya shiga hannun Salahuddin. Ya kayar da malaman fiƙihun garin a muhawara, kuma ya samu shiga wurin al-Malik az-Zahir Ghazi, ɗan sarki, matashi da bai cika shekara 20 ba. Malaman suka tuhume shi da ɓata aƙidar yarima. Babbar tuhumar da aka ruwaito ita ce, ya ƙi yarda a ce aiko wani annabi bayan Annabi Muhammadu (SAW) ya fi ƙarfin ikon Allah, su kuma suka fassara hakan da cewa yana share wa kansa fagen da'awar annabci.

Akwai kuma siyasa a ciki. A gabatarwar Hikmatul Ishraƙ ya rubuta cewa shugabanci na mai hikimar da ya haɗa zurfin bincike da hasken Ubangiji ne. Salahuddin shi ya kawo ƙarshen daular Faɗimiyya ta Masar a 1171, wadda ta ginu a kan imami mai ilimin ɓoye, kuma sau biyu 'yan Isma'iliyya suka yi yunƙurin halaka shi. Yana buƙatar goyon bayan malaman Sunna a tsakiyar yaƙi, ba zai lamunci irin wannan koyarwa a kunnen ɗansa ba. Az-Zahir ya yi jinkiri, amma da umarni ya sake zuwa sai ya zartar. Ruwayoyi sun saɓa kan yadda aka kashe shi: wasu sun ce yunwa aka bar shi da ita, wasu sun ce shaƙe shi aka yi.

Almajiransa sun watse, amma littattafan sun tsira. A ƙarni na 13 Shamsuddin Shahrazuri ya yi wa Hikmatul Ishraƙ sharhi, Ƙuɗbuddin Shirazi, wanda ya rasu a 1311, ya biyo baya da nasa. A ƙarni na 17 Mulla Sadra ya ɗauki ra'ayin darajojin haske ya mayar da shi darajojin samuwa. Tun da ba a fassara shi zuwa Latin a wancan zamani ba, Turai ba ta san shi sosai ba sai a ƙarni na 20, lokacin da Bafaranshe Henry Corbin ya tace littattafansa ya buga su. Har yau ana karantar da Hikmatul Ishraƙ a makarantun falsafa na Iran, fiye da shekara 800 bayan hukuncin Halab.